Tsugunon da Na Yi a Gidan Talabijin

Shekarun baya, ba a daɗe da samun 'yancin kai ba, abokina ya tozarta ni a idon surukaina, kuma da gangan ya yi.

Tare muka yi elementare a Malumfashi. Ni na tsaya a aji uku na koma gona, shi ya wuce har ya samu aiki a sabon gidan talabijin a Kaduna. Wata shekara audugata ta yi kyau, sai ga shi. Wai za su yi shirin noma kai tsaye, in zo in yi bayani. Na tumɓuke auduga gindi shida, na ari babbar riga. Na bi ta Funtua na shaida wa surukina, don akwai wani Alhaji a unguwarsu mai akwatin kallo. Ranar shirin, surukaina suka cika zaurensa.

Da na isa, sai na tarar da wani akawu an sa masa malfa, an ba shi fartanya. Hannunsa ko kanta babu. Shi ne manomin.

"Malam, kai sai ka ruɗe," in ji abokina. "Taimaka ka riƙe mana audugar, faɗuwa take."

Aka tsugunar da ni bayan wani katako mai zanen gona, gindi uku a kowane hannu. Na ce to, aƙalla ba mai ganina. Gobe in ce wa surukina shirin ne aka sauya.

Ashe sabon salo suke gwadawa, na nuna wa jama'a yadda ake haɗa shiri. Ana tsakiyar magana aka turo kyamara bayan katakon. Ga ni tsugune, gumi ya jiƙa rigar aro, baki buɗe. Har da ɗaga auduga na yi, wai gaisuwa.

Surukina bai taɓa tada zancen ba har ya rasu. Sai dai duk sanda na shiga gidansa yakan ce a kawo mini kujera da sauri.

Yanzu abin ba ya cina. Ni na kai kaina, son a gan ni.

A ranar dai na tare abokina a ƙofa. "Ka san za a juyo da kyamara kaina?"

"Na sani mana. Da na faɗa maka, da ka gyara zama, shirin ya lalace."

Na ce, "Ni manomi ne, kullum a tsugune nake, ban taɓa jin kunya ba sai yau. Ko mutuwa na yi, kada ka zo gaisuwa."