Jar Atamfar da Na Zaɓa wa Magajiya

Jikata ta nuna mini 'yan matan Indonesiya a wayarta, sun ɗinka zanen ƙasarsu ƙananan riguna suna yanga, wai sabon yayi. Na yi dariya. Wannan zanen muke kira Java a Zangon Yendi, unguwarmu ta Hausawa, shekarun da aka samu 'yancin kai, kuma a kansa na yi gabar da ta fi kowace daɗe mini.

Mu 'yan matan zango muna da ƙungiya, shugabarmu muna ce mata Magajiya. Ita ke yanke yayi: tsawon siket, ɗaurin kallabi, har irin takun da za a yi. Doguwa ce, kyakkyawa, ga baki kamar reza.

Wata Sallah yayana, direban lori tsakanin Bawku da Kumasi, ya kawo mini Java shuɗiya. Na ɗinka, na fito ina ji da kaina. A tsakar kasuwa, gaban samari, Magajiya ta kama gefen zanena ta lasa, yadda 'yan kasuwa ke gwada atamfa, sannan ta tofar.

"Wannan Java? Ke, ɗan'uwanki ya cuce ki. Na Togo ne, wanki ɗaya zai zuba."

Aka fashe da dariya, aka laƙaba mini 'Yar Togo. Zanen bai taɓa zuba ba, amma sunan ya bi ni har rijiya. Na tsane ta, tsana ta gaske, na kuma haɗiye na ci gaba da gaishe ta.

Bayan damina aka gayyace mu rawar hailaif, kiɗan zamani na lokacin, a Salaga. Makaɗan daga kudu suke, akwai kuma wani malamin makaranta Ba'asante da Magajiya ke mutuwar so. Ta ce tana son atamfar da idon Yendi bai taɓa gani ba. Na tuna abin da gwaggona, wadda ta zauna Kumasi, ta taɓa gaya mini: Asante ba sa ɗaura ja mai duhu da baƙi sai an yi musu mutuwa.

Na je na rusuna. "Magajiya, yayana ya ce yanzu a Kumasi ja da baƙi ake yayi. Manyan mata duk shi suke ɗaurawa ran Asabar."

Ban yi ƙarya ba, ran Asabar suke zaman makoki.

Ta hana kowa ɗinka irinsa, don kada a yi anko da ita. Da la'asar muka shiga filin, tana gaba, ja da baƙi tun daga kallabi har ƙasa, tana taku ɗai-ɗai. Mai kakaki ya sauke kakakinsa. Ganga ta yi shiru. Malamin ya taso da sauri, ya cire hula, ya riƙe hannunta da hannu biyu.

"Sannu, sannu. Wane ne ya mutu? Baba ne ko Mama?"

Matan kudu suka yi layi suna mata gaisuwa, wata har da hawaye. Magajiya ta waiga tana neman wanda zai fassara mata abin da ke faruwa, idonta ya faɗa cikin nawa. Na matso, na dafa kafaɗarta, na ce da ƙarfi yadda 'yan Yendi duka za su ji:

"Allah ya ba ki haƙuri, Magajiya."