Tafintan Hawa na Biyu

A asibiti, ɗakin yara marasa lafiya, hawa na biyu, akwai wani dattijo da kowa ke ce wa Baba Tafinta. Aikinsa shi ne tsayawa tsakanin likitocin da Turanci kawai suke ji da iyayen da ba sa ji. Gajere ne, rigarsa kullum a goge, ƙafar tabarau ɗinsa ɗaya a ɗaure da zare. Wata huɗu na yi ina ganinsa kowace safiya, lokacin da Autarmu, mai shekara tara, ke kwance a gado na shida kusa da taga.

Bai yi karatu mai nisa ba. Yana saurayi ya yi masinja a ofishin masu hasashen yanayi, a nan ya fara tsintar Turanci. Kalmar farko da ta zauna masa ita ce forecast. Ya ce abin ya ɗaure masa kai, ka ga masu ilimi sun auna iska sun ce gobe akwai ruwa, gobe ta zo da rana ƙwal, su kuma dawo aiki ko kunya babu. Tun daga nan yake tara kalmomin Turanci masu magana a kan gobe a wani ɗan littafi da ke aljihunsa.

Wata rana ina fifita wa Auta, ya buɗe mini shi. Ya ce omen abin da mutum ya gani ne ya ɗauka alama, kamar kofi ya fashe masa da safe ya ce yau ba sa'a. Prophecy na annabawa ne, babu ruwan likita da shi. Prognosis kuwa, wadda ya fi ji a ɗakin nan, lissafi ne daga waɗanda aka gani a baya. Ya ce rabin rigimar da yake rabawa daga nan take, likita na lissafi, iyaye na jin kamar duba ake yi musu.

Nas-nas sun mayar da littafin abin tsokana. Wata ta leƙo ta ce, "Baba, me littafin ya ce yau? Za a kawo wuta?"

"Ya ce gobe za ki makara."

"Kai, Baba! Ashe har duba kake yi?"

"Wane duba, 'yar nan? Shekara uku ina kallon ki."

Ranar wata Litinin likita ya kira ni baranda. Ni ba na buƙatar tafinta, na yi jami'a. Ya ce prognosis ɗin ba kyau, maganar makonni ake, ba watanni ba. Ya ce washegari zai gaya wa mahaifinta.

Maigidana direban babbar mota ne, Turancinsa bai wuce na takardun hanya ba. An riga an yi masa lodi, ranar Alhamis zai kama tafiyar mako uku. Na san yadda yake da Auta, na kuma ga ba zan iya kallon fuskarsa in ya ji ba. Sai na tari Baba a bakin matakala na ce gobe ya gaya wa maigidana ana ci gaba da magani, shi ke nan.

Ya cire tabarau ya goge da bakin riga. "Malama, ni baki ne aka ara. In na rage wa mutum ɗaya magana yau, gobe wa zai yarda da ni a ɗakin nan? Kuma in ya tafi bai sani ba, da me za ki tare shi in ya dawo?"

Ya mayar da tabarau ɗinsa.

"Ba zan jefa masa ita kamar dutse ba," ya ce. "Bar mini yadda za a faɗa."

Washegari muka zauna a ɗan ofishin likita, mu huɗu. Baba yana da hanyar aikinsa: ba ya fassara komai sai ya fara jin abin da mutum ya gani da idonsa. Ya ce wa maigida, "Ɗana, kai yaya ka ga yarinyar nan a makon nan?"

Maigida ya ce ta rame, kuma ta daina yi masa tsiyar gemu.

Sai likita ya yi magana, Baba ya maida ta jimla bayan jimla, bai ƙara ba, bai rage ba. Maigida ya miƙe tsaye.

"Shi ɗan duba ne? Shi ke da rai a hannu da zai yanka mata kwana?"

"Zauna, ɗana. Ba shi da rai a hannu, bai kuma ce yana da shi ba. Kai in ka ji wata ƙara a inji ka ce motar nan da wuya ta kai gari na gaba, duba ka yi?"

"A'a. Na sha jin irinta ne."

"To shi ma ya sha ganin irin wannan."

"Amma wani lokacin motar takan kai, Baba."

"Takan kai. Allah ya sa ta kai. Abin da ya gani dai ya gaya maka, don ka san inda za ka tsaya."

Maigida ya koma ya zauna, ya daɗe yana juya makullin mota a tafin hannunsa. Daga nan ya fita baranda, na jiyo shi a waya yana ce wa mai motar a nemi wani direba.

Auta ta ƙara kwana goma sha tara. Dukkansu tare da mahaifinta aka yi su. Shi ya koyi juya ta ba tare da ya taɓa allurar hannunta ba, shi ke sa ta dariya da labarin 'yan kamasho da awakin da ke tsallaka titi ba sa duba hanya. Ranar da ta cika, da hantsi, tafin ƙafarta na hannunsa.

Baba ya zo ya tsaya a ƙarshen gadon, ya yi mana gaisuwa a taƙaice, sannan aka kira shi gado na biyu, inda likita ke jiran sa da wata uwa. Ya yi ritaya shekarar da ta biyo baya. Maigida kan kai masa ziyara in ya dawo daga tafiya. Har yau bai tambaye ni ko na riga shi sani ba.