Malamin da Ya Cire Takalmansa

Jiya da azahar silifas ɗina ya tsinke a gonar gyaɗa, nan bayan garinmu kusa da Ɗanbatta. Tafin ƙafata na taɓa rairayi mai zafi, sai marigayi malaminmu na wasanni ya faɗo mini a rai.

Sakandaren gwamnatin da na yi a birnin Kano ta yi suna a ƙwallon kwando tun kafin a haife mu, kofunan magabata sun cika ofishin shugaban makaranta. Mu kuwa a shekarun tsadar rayuwa muka zo, iyayenmu ba sa iya saya mana kambas. Ba takalmi muke wasa.

Ranar wasan ƙarshe na cin kofi rana ta take, siminti ya yi zafi kamar kaskon tuya, abokan karawarmu kowa da farin takalminsa. Kyaftin ɗinmu ya ce, "Malam, ƙafafunmu za su saluɓe."

Malam bai yi faɗa ba. Dattijo mai furfura, ya sunkuya ya cire takalmansa, ya tako kan simintin, ya tsaya a bakin layi inda babu inuwa.

"Abin da zai ƙona ku, ni ma ya ƙona ni," in ji shi. "Ku shiga."

Har aka tashi bai ɗaga ƙafa ba. Duk wanda zafi ya isa, sai ya waiwaya ya gan shi tsaye kamar an dasa shi. Kofin bai bar makarantarmu ba, Malam kuwa ya daɗe yana ɗingishi.

Allah ya sanyaya ƙasar da yake kwance a cikinta.