Minti Biyu da Aka Yanke

Malam Ɗantani na Aliero ya haura shekara arba'in yana abu ɗaya. Da hantsi zai shiga rumbun albasarsa, ya zauna, ya dinga juya ta ɗaya bayan ɗaya yana ware wadda ta soma ruɓa. Ba shi da surutu, ba shi da son a taya shi. Mu maƙwabta mun saba, har agogo muke yi da tarinsa.

Babban ɗansa Barau, direban mota tsakanin Jega da Maiyama, ya daɗe yana cewa tsoho ya huta haka nan, a ba wani rumbun. Barau ba mugu ba ne, gaggawa ce ta yi masa yawa. Bai san rumbun nan ne ke tayar da uban nasa daga shimfiɗa ba.

Autar tsohon, Iklima, ce ta zo da zancen fim. Ɗan gajere take so, a waya, babu waƙa babu wasa, mutum kawai da aikinsa. Na yi mata dariya, na ce wa zai zauna kallon tsoho da albasa? Kwana uku tana ɗauka.

Da ta zauna haɗawa sai ta lura da wani abu. A hoton, tsohon bai kalli albasa ko sau ɗaya ba. Latsawa yake yi, ya kai hanci. Can ya miƙa hannu zai ɗauki buta, ga ta a gabansa, ya yi ta lalube a ƙasa. Wallahi da ta nuna mini, kunya ta kama ni. Shekara nawa muna gaisawa, ban lura ba.

Ta same shi a rumbu ta durƙusa.

"Mi kinka gani, ɗiyata?" in ji shi.

"Buta, Baba."

Ya ajiye albasar da ke hannunsa.

"Kak ki bari Barau shi gani. In ya gani, ɗaka za shi aje ni."

Ta yanke wurin. Fim ɗin minti bakwai ya koma biyar. Ranar Juma'a Barau ya kalla a zaure, ya yi murmushi, ya miƙa wa uban wayar.

"Baba, dubi kanka! Ashe da sauranka."

Tsohon ya karɓa, ya riƙe ta a juye, ya ƙura mata ido. Iklima ta matso kamar za ta ƙara sauti, ta gyara masa ita.