Awakina da Numfashin da Kotu Ta Ba Mu

Ko tsufa zai kai ni in riƙa rikita sunayen jikokina, ba zan manta shekarar da na rasa garkena a Fatakwal ba.

Ni ban yi boko ba, amma a kiwon awaki ba a haifi namijin da zai koya mini ba. Can bayan unguwar Rumuokoro muke da filin kiwo mu 'yan Arewa, kowa da shingensa, kuma nawa ya fi na kowa cika. Kwatsam ƙaramar hukuma ta ce mu kwashe, wai wari ya ishi maƙwabta, kashin dabbobi kuma yana toshe kwata in an yi ruwa. Muka haɗa kai muka ɗauki lauya. Alƙali ya ce kada wanda ya taɓa mu sai an gama sauraron ƙarar.

Ranar na yi guɗa har muryata ta dushe. A garinmu in alƙali ya buɗe baki, magana ta mutu. Abin da na taso na sani ke nan.

Limamin unguwa ya same ni ina zuba dusa, ya ce, "Hajiya, numfashi aka ba mu fa, ba fili ba. Ga motocin albasa suna komawa Arewa ba kaya. Ki loda awakinki ki aika wa ƙanenki a gida."

Na ce, "Allah gafarta Malam, kai dai ja mana salla, ka bar mini akuya."

Ya yi murmushi ya ce, "To, Allah ya sa ni ne ban gane ba."

Abokan kiwona suka yi ta lodi, ina zaune kan turmi ina kiransu matsorata. Tun farkon rigimar na ware bunsurayena gefe guda, sai na tashi na kwance su, na sake su cikin matan. Da hannuna na yi, ina waƙa.

Kotu ta yi ta ɗage zama, cikin awaki yana ta girma. Ranar da ta janye kariyarta kusan duk sun yi nauyi, wasu har hantsa ta cika. Mahauta suka ce su ba sa yanka mai ciki. Na hau babur ɗin okada na nemo direban mota, ya leƙa shingen ya girgiza kai.

"Mama, waɗannan ko Lokoja ba za su gani ba. Mushe zan sauke wa ƙanenki."

Na ce ya loda haka, don ba inda zan kai su. A hanya suka yi ta ɓari cikin zafi da matsi, ana tsayawa ana jefar da matattu a bakin titi. Waɗanda suka isa da rai, ƙanena ya ce ko igiya ba sa buƙata, don ba sa iya tsayuwa.

Yanzu a ɗakin 'yata nake, ni da nake ciyar da gida, sai an zubo an miƙo mini. Na gane, amma a makare: in hukuma ta ce an dakata, ba ka ci shari'a ba ne. Lokacin ɗaure kaya aka ba ka.