Ranar da Muka Cika Tanki da Guga

Baffana, ƙanin mahaifina, haƙar rijiya ce sana'arsa, kuma gadonta ya yi. Gajere ne mai faɗin kafaɗa, igiya ta cinye masa zanen tafin hannu. Idan ya ga mutum dogo sai ya girgiza kai ya ce wannan ba zai taɓa cin abinci a rami ba. Rijiyoyi bakwai ne a unguwarmu, shida shi ya haƙa, ta bakwai da ke bayan gidanmu aikin mahaifinsa ce. Duk rani yakan shiga kowacce ya yashe ta, ya fito da taɓo da tsinkakkun gugaye da cokulan da mata suka daɗe suna zargin juna a kansu. Ni Uwata yake kirana, saboda sunan mahaifiyarsa aka sa mini, kuma da wannan sunan nake juya shi yadda na ga dama. Da ban iya juya shi ba, da ya fi mana alheri.

Wata shekara wata ƙungiyar agaji daga ƙasar waje ta zo ta gwada ruwanmu, ta ce akwai ƙwayoyin cuta a ciki. Ba ƙarya suka yi ba, gudawa na kwashe mana yara duk damina. Suka haƙa mana burtsatse, suka ɗora tanki a kan ƙarafa, da inji mai aiki da hasken rana, da kan famfo shida a jere. An ce kuɗin da aka kashe ya isa a haƙa rijiyoyin Baffa sau ɗari. Sharaɗinsu biyu ne: a kafa kwamitin ruwa da mace a ciki, kuma a cike buɗaɗɗun rijiyoyi. Ni ce malamar firamare, don haka aka miƙa mini biro aka ce na zama sakatariya.

Aka cike shida. A ta bakwai Baffa ya kafe.

"Injin nan ba ya ciwo ne?" ya tambayi shugaban kwamiti, wani mai shagon kayan gini. "Ranar da ya kwanta, me za ku sha?"

Aka yi dariya, aka ce tsoho na kishin sana'a, aka ƙyale shi da rijiyarsa.

Gaskiya shekara biyu mun ji daɗi. Ajina ya daina yin rabi a damina, mata suka huta da jan guga. Leburorin Baffa biyu suka ga babu sauran aiki, ɗaya ya koma tuƙa babur, ɗayan ya bar gari. Shi kuwa ya ci gaba da yasar rijiyarsa ɗaya tilo, yana lallaɓa ta kamar tsohuwar da aka bar masa amana.

Sai inji ya tsaya. Mai gyaran rediyo ya buɗe akwatin ya nuna mana wani ɗan farantin lantarki da ya ƙone, bai kai tafin hannu ba. Ya zaga kasuwanni uku, babu wanda ya taɓa ganin irinsa. Unguwa gaba ɗaya ta dawo bayan gidanmu da bokiti. Ni kuma, da ake sa ran yau ko gobe za a samu abin, wata uku ina cike takardar rahoton da ake aika wa ƙungiyar ina rubuta cewa komai lafiya lau. Ba wanda ya sa ni. Kunya ce kawai, da gudun a ce abin da aka ba mu ba mu iya riƙewa ba.

Ana haka wasiƙa ta zo cewa baƙi daga ƙungiyar na tafe su duba aiki. Wani ya ƙara gishiri, ya ce idan suka ji daɗi za su gina mana asibiti. Shugaban kwamiti ya tara mu a shagonsa, tsakanin buhunan siminti.

"Mutum ya yi maka kyauta, ya tako tun daga ƙasarsu don ya gan ta, kai kuma ka tare shi da cewa ta lalace? Haba jama'a, mu rufa wa kanmu asiri mana. A cika tankin nan da hannu. In sun tafi sai mu san abin yi."

Kowa ya ce hakan ya yi. Matsalar ita ce tankin na can sama, kuma mutum ɗaya ne a unguwar ya san yadda ake ɗaure igiya ta hau da ruwa har can. An aika wa Baffa sau biyu ya ƙi. Sai aka ce in je.

Na same shi a tsakar gida yana tufka.

"Uwata, wanda ya kawo abu shi ya san maganinsa. Ku faɗa musu gaskiya, ai ba ku kuka ƙona shi ba."

"Baffa, sa hannuna ne a kan takardun nan. So kake a tsayar da ni gaban baƙi a ce maƙaryaciya ce?"

Ya ƙarasa tufkar da ke hannunsa. Sai ya naɗe igiyar ya saɓa a kafaɗa, ya ce, "To, mu je."

Kwana biyu muka yi. Mata suka yi layi daga rijiya zuwa gindin tanki, bokiti na bin hannu, Baffa na sama yana ja yana juyewa. Har waƙa muka yi, Allah Ya yafe mana.

Shugabar baƙin wata dattijuwa ce siririya mai tabarau, da tafinta a gefenta. Ta murɗa famfo, ruwa ya zubo, aka yi tafi, aka ɗauki hoto. Sau uku matar nan ta tambaya ko akwai wata matsala, kuma ba tambayar fatar baki take yi ba. A karo na uku Baffa take kallo, wataƙila ta ga yadda hannunsa ya saɓule. Ya juyo ya dube ni. Na ɗan girgiza masa kai.

"Babu komai," in ji shi. "Sai godiya."

Abin da ba mu lissafa ba shi ne taɓo. Ruwan da ya yi ta zuba daga bokitai ya shimfiɗa hanya sambal daga tanki zuwa bayan gidanmu, matar kuwa ta bi ta har bakin rijiya. Ta ce ga famfo na aiki, me ya sa har yanzu ake shan wannan? Shugaban kwamiti ya yi 'yar dariya ya nuna Baffa, ya ce taurin kan tsofaffi ne. Ta rubuta wani abu a littafinta.

Kwana biyu tsakani sai ga tipa cike da ɓaraguzai, domin an ce wa ɗan kwangilar ƙungiyar ba a sallamarsa sai ya rufe rijiyar da ta rage. Da za mu hana, sai mun faɗi abin da muka yi. Muna tsaye, mu ɗari da wani abu, babu wanda ya buɗe baki, har da ni mai biro. Baffa da kansa ya kwance igiyarsa daga itacen bakin rijiya, ya shige gida kafin a fara juyewa.

Ruwan tanki ya ƙare washegari. Sai a lokacin na rubuta gaskiya. Amsa ta zo bayan wata huɗu, cikin ladabi. Sun ce an rufe aikin unguwarmu an sa shi cikin waɗanda suka yi nasara, kuma ma'aikatan sun koma wata ƙasa. A ƙasan takardar suka ƙara cewa kamfanin da ya ƙera injin yana canza wannan farantin kyauta, amma wa'adin ya ƙare mako bakwai bayan ziyararsu. Maganar asibiti kuwa ba su ma san da ita ba.

Nakan ji haushinsu, da suka ware kuɗin gini ba su bar ko sukudireba a hannun wani ba. Amma matar nan sau uku ta tambaya.

Baffa ya gwada haƙa sabuwa shi kaɗai, yana da shekara saba'in da ɗoriya. Ya kai zurfin gaba uku bayansa ya riƙe, aka ciro shi da igiyarsa. Daga nan ya koma zama a inuwar tanki yana tufka, masu turo ruwa a kura daga wata unguwa suna wucewa ta gabansa suna gaishe shi. Bai taɓa tayar mini da maganar ba. Uwata ya ci gaba da kirana, yana tsokanata cewa malamai ba su iya ɗaurin guga ba, kuma wannan ya fi mini zagi ciwo.

Ya rasu bara, da hantsi, a tsakiyar rani. Randar gidan babu ko ɗigo. Ni na fita titi na tsayar da mai kura, na sayi jarka biyu, da su aka yi masa wanka.