Jakar Jildou a Sandar Tutar Malam Douwe

Ranar Asabar, 15 ga Yuni, Allah ya karɓi ran Malam Douwe Postma, maƙwabcina kuma tsohon malamin lissafi a nan garin Franeker. Zuciyarsa ce ta tsaya yana kan keke. Na daɗe ina rubuta labarin mutuwa a jarida, amma ban taɓa rubuta wanda ya ba ni haushi irin wannan ba.

Malam Douwe, sau biyu likita yana kiranka gwajin zuciya, kana ɗagawa. Dalilinka 'yata Jildou ce. Ta faɗi jarrabawar lissafi ta kammala sakandare, dama ɗaya ta rage mata ta sake zama, in ta kuma faɗi, gurbinta na karatun zanen gini ya tafi. Ranar da sakamako ya fito, kamar yadda aka saba a nan, duk gidan da yaro ya ci an fito da tuta, an rataya jakar makarantarsa a sanda. Sandarmu tana nan wayam. Ka leƙo ta kan shinge ka ce, "Ɗan jarida, kai lissafinka bai wuce ƙirga shafi ba. Turo min ita."

Matsalarta guda ce: a ba ta layi, a ce ta samo lissafin wani layin da zai sare shi a tsaye cak. Ka'idar ba ta da tsawo. Idan gangaren na farko biyu bisa uku ne, sai a kifa lambar ta koma uku bisa biyu, a sa mata alamar ragi. Jildou takan kifa, ta manta alamar. Ka ce ba laifinta ba ne: "Yaran ƙasar da ta fi faranti shimfiɗa, ina za su san hawa da gangara?" Ka ɗauke ta zuwa bangon tare teku, wato doguwar ganuwar ƙasa mai gangara, kuka hau, kuka sauka, har ƙafafunta suka gane cewa in layi ɗaya yana hawa, mai sare shi dole ya gangara. Ka ce mata, "'Yar nan, ninka gangaren biyun da juna. In ba ki ga ɗaya mai alamar ragi ba, ƙarya kike min."

Na roƙe ka ka je asibiti. Ka ce, "Bari yarinya ta gama tukuna, zuciyar ba gudu za ta yi ba." Mutumin da bai taɓa yafe wa ɗalibi alama ɗaya ba, shi ne ya ƙi karanta alamar da jikinsa ke nuna masa. Ni ma na ga yadda kake haki a kan bangon nan. Har yau na kasa yafe maka wannan taurin kai.

Jildou ta zauna jarrabawar tun ba a binne ka ba, domin a nan akan kwana da yawa kafin a yi jana'iza. Ta ci. Da na ɗauko tuta, ta ce, "Baba, ba a gidanmu ba." Ta tsallaka wajen matarka Aukje, wadda tutarta ke rabin sanda saboda makoki, suka rataya jakar a can. Aukje ta kalli jakar, sannan ta ce, "Da yana nan, cewa zai yi ta karkace."

Allah ya ji ƙanka, ya yafe maka kurakuranka, ya ba ka hutun da ka hana kanka. Ga Aukje da ɗanta Sipke, Allah ya ba ku haƙurin wannan rashi.